Zare: in da za a ba ni fim ɗin La Nuée in sake shi a Bagudo

1/ Daren jiya, maimakon in buɗe littafi ga jarrabawa na ƙaratowa, na ɓige da kallon wani fim ɗin tsoro na Faransa, La Nuée. A Netflix sunansa The Swarm. Fim ne a kan fara. E, fara dai, wadda muke saye da yaji a bakin hanya. Na kwana ina tunanin yadda zan sake shi a gida. Ku matso, zaren na da tsawo 🧵

2/ Wanda bai gani ba ya yi haƙuri, zan ɗan ɓata masa. Fim ɗin 2020 ne, Just Philippot ya ba da umarni. Wata mata ce, Virginie, mijinta ya rasu ya bar ta da 'ya'ya biyu. Tana kiwon fara a bayan gida, ta niƙa ta sayar da garin. Kasuwa ta ƙi, farar ma ta ƙi hayayyafa.

3/ Ran nan ta faɗi ta ji ciwo a cikin rumfar kiwon, fara ta lashe jinin. Sai ga ta tana ninkuwa. Daga nan matar ta shiga ba ta jinin jikinta a ɓoye, tana rufe raunukan da dogon hannun riga kada 'ya'yanta su gani. Har abin ya wuce jininta ya kai kan dabbobi. Sauran ku je ku gani.

4/ Da wani abokina ɗan Kamba muka kalla. Ni ina ƙanƙame da filo, shi yana dariya har da hawaye. Wai da a garinsu ne, kafin fara ta sha jinin mutum ɗaya an soye ta an zuba a leda 😭

5/ Kuma yana da gaskiya. Rabin tsoron fim ɗin a kan ƙyama aka gina shi. Bature na ganin fara tsigar jikinsa ta tashi, mu kuwa yawunmu ke tsinkewa. Tun muna makarantar allo aka gaya mana fara da kifi ba sa buƙatar yanka. Ka ɗauko La Nuée yadda yake ka ɗaura wa matar kallabi, fim ɗin barkwanci za ka samu.

6/ Ku lura, duk fim ɗin ƙwari tsoron mutanen da suka yi shi yake ɗauke da shi. A 1954 Amurkawa sun yi Them!, inda tururuwa ta zama ƙatuwa saboda gwajin bam ɗin nukiliya a hamadarsu. Shekara tara ke nan da Hiroshima, kowa ya san abin da ake nufi.

7/ A 1957 suka ƙara da Beginning of the End, manyan fari sun tasam ma Chicago. Ba su da kuɗin siddabaru, sai suka saki fara ta gaske tana hawa kan hotunan benaye. Ku nemo shi ko don dariya. Shi kuwa La Nuée, tsoron ƙaramin manomin Turai ne da sana'a ta ƙi, bashi ya shaƙe.

8/ To namu fa? Muna da shi, ya ma girmi nasu. Hausa da kanta ta ajiye mana alama: a rubuce, fari na rashin ruwa da fari jam'in fara kalma ɗaya ce, murya kawai ta raba su. Duk su biyun kuma wuri ɗaya suke kai ka, gaban rumbun da ba kome a ciki.

9/ Mu koma 1928. A can Mali, inda kogin Kwara ke malala ya zama fadama mai faɗi wajen Mopti, wata fara mai ƙaura ta yi yawa ta tashi. Cikin 'yan shekaru ta game mafi yawan Afirka kudu da Sahara. Annobar ba ta lafa ba sai 1941. Shekara goma sha uku. Kogin nan da ke ratsa Bagudo, a samansa abin ya faro.

10/ Wani abu da ya ɗaure mini kai da na karanta: farar da ke zaune ita kaɗai a gonarka ba ta damun kowa, da wadda ke tashi ta rufe rana, jinsi ɗaya ce. Da can masana sun ɗauka iri biyu ne. Wani Barashe, Boris Uvarov, shi ya nuna a 1921 cewa rikiɗa take yi in ta yi cunkoso.

11/ A 2009 masu bincike a Ingila da Ostareliya suka gano makunnin. In fara ta matsu, ƙafafunta na baya suna gogar 'yan'uwanta, sinadarin sirotonin ya ƙaru a jikinta, cikin sa'o'i kaɗan halinta ya sauya. Mai gudun jama'a ta koma mai neman taro. Daga baya launi da ƙira su biyo.

12/ Ba ka buƙatar bam ɗin nukiliya, ba ka buƙatar jini. Matsi kawai. Marubutan Kannywood, ga kyauta nan na ba ku, ba sai kun nemo aljani ba.

13/ Ga girman abin. Hukumar abinci ta Majalisar Ɗinkin Duniya, FAO, ta ce ayarin farar hamada mai faɗin murabba'in kilomita ɗaya na ɗauke da kamar miliyan 40, yana cin abin da mutum 35,000 za su ci a rana. Yana iya tafiyar kilomita 150 a yini. A Oktoba 1988 wasu sun tsallake tekun Atlantika har tsibiran Karibiyan.

14/ Yanzu mu sauko kusa da gida. A 1930 fara ta cinye amfanin gona a yammacin Nijar, wajen Yamai, Doso da Tillaberi. A 1931 yunwa ta sauka, dubban mutane suka mutu. Zabarmawa sun sa wa lokacin suna da harshensu, ma'anarsa shekarar fara.

15/ Sai dai fara ba ita kaɗai ta yi kisan ba. Masanin tarihi Finn Fuglestad ya yi rubutu a kan yunwar a 1974, ya ɗora nauyi mai yawa a kan Faransawa: gonaki sun tashi a tutar babu, su kuwa ba su fasa karɓar haraji ba, kuma agaji bai zo da wuri ba. Jama'a da yawa suka tsere zuwa ƙasar Ingilishi, wato wajenmu.

16/ Kada wani ya ce to a ɓangarenmu aljanna ce. Nan ma haraji da jangali da kuɗi ake biya ta hannun En'e, ga shi shekarun karyewar kasuwar duniya ne, farashin amfanin gona ya faɗi warwas. Sai ka sayar da hatsi mai yawa kafin ka haɗa kuɗin kai. Michael Watts ya yi dogon bayani a Silent Violence, 1983.

17/ Ita kanta iyakar da suke tsallakewa, a lokacin ba ta wuce shekara talatin da 'yan kai ba. A Paris aka yanka ta, 14 ga Yuni 1898. Ingila da Faransa sun yi ta ja-in-ja a kan Illo da ƙasar Borgu, ƙarshe suka auna mil goma daga Giris, tashar jiragen ruwan Illo, zuwa saman kogi, suka ce nan ne.

18/ Shi ya sa har yau ɗan Lolo ke da dangi a Madekali, ɗan Tsamiya ke cin kasuwa a Segbana. A 1931 can Dahome ce, Gaya kuma Nijar, duka na Faransa. Gida ɗaya, haraji biyu. Fara kuwa ba wanda ya taɓa tambayar ta takarda.

19/ Kakata ba ta ga wannan zamanin ba, amma mahaifiyarta ta gani tana yarinya, ta kuma ba ta labari. Yadda Kaka ke faɗa: “Da ta taho sai sunka ɗauka hadari na. Mata sunka shiga kwashe shanya. Sai wani tsoho yac ce, wanga hadari ba shi da sanyi.”

20/ Na tambaye ta, Kaka, ba su ji tsoro ba? Ta ce ran farko wa ke tsoro, biki anka yi. Da asuba sanyi ya kama ta ba ta iya tashi, yara da mata sunka cika buhuna da ƙore. Sati guda gari na ƙamshin fara. Ta ce ɗiyan da ta bari cikin ƙasa, su ne abin.

21/ To a nan fim ɗina zai tsaya. Ƙarshen daminar 1930, wani ƙauye a bakin Kwara kusa da Illo. Zan riƙe abu biyu daga La Nuée: bazawara mai 'ya'ya biyu, da sirrin da take ɓoye musu. Sauran duk in zubar.

22/ Minti ashirin na farko ba ƙwaro ko ɗaya. Gero ya yi kai, saura kwanaki a yanka. Yara na korar tsuntsaye daga kan rumfa. Sai tsuntsayen su yi tsit. Inuwa ta bi ta kan gona, kyamara ba za ta kalli sama ba, fuskokin mutane kawai. Sauti kuma kamar wuta na cin busasshiyar ciyawa.

23/ Sannan bikin da Kaka ta faɗa. Ana kaɗa ƙwarya da tasa, ana hayaƙi, abin ya gagara, kowa ya haƙura ya ɗauko buhu. Suya, dariya, yara da mai a baki. Ina so 'yan kallo su yi dariya a nan, irin ta abokina ɗan Kamba. Su saki jiki sosai.

24/ Fara na binne ƙwanta cikin ƙasa mai laima, cikin kamar mako biyu ya ƙyanƙyashe. Wata safiya ƙaramar 'yar ta je ɗebo ruwa, ta ga ƙasar fadama tana motsi. Ɗango. Ba fiffike, tafiya kawai, duk gaba ɗaya suka nufa. Yanzu kun san inda muka samo “mutane kamar farin ɗango”.

25/ Kun san me ke tura su gaba? Wani bincike na 2008 ya nuna cin junansu suke yi. Duk wanda ya tsaya, na bayansa ya cije shi. Wato ba jagora gare su ba, kowa gudun na bayansa yake. Wannan zan nuna shi kusa-kusa, sau ɗaya tak, don zai dawo daga baya da fuskokin mutane.

26/ Yadda aka yaƙe su a wancan zamanin ma fitowa ce mai kyau. A tara gari a haƙa dogon rami, a kora ɗango ciki da rassan itace, a binne ko a ƙona. Turawan mulki a sassan Afirka da dama sun kuma yi amfani da dusa da aka cakuɗa da guba. Dusa, a garin da awaki ke yawo kuma yunwa na tafe. Ku ƙarasa da kanku.

27/ Rabin fim na biyu, fara ta tafi. Ba za ku sake ganin ta ba sai ƙarshe. Nan tsoron ke farawa. Rani, hunturu, shiru. Matar na leƙa rumbu kullum tana auna abin da ya rage da hannu. Mai karɓar haraji ya zo da dogari, cikin ladabi, har yana yi mata ta'aziyyar mijinta.

28/ Kada a sa masa jajayen idanu ko muguwar dariya, don Allah. Shi ma aiko shi aka yi, shi ma akwai na bayansa mai cizo.

29/ Sai baƙi su fara tsallakowa daga ƙasar Faransa, cikin dare, a kwale-kwale da ƙafa. Cikinsu har da matar ƙanen mijinta da yara uku. Ba ta da hanyar cewa a'a. Baki uku ya zama bakwai.

30/ Abincin yunwa duk a nuna shi da sunansa, don yaran yanzu su gani. Bado daga tafki. Tafasa. 'Ya'yan ƙarangiya da ake sussukawa a raba su da ƙaya. Anza mai ɗaci da sai an jiƙa ta kwanaki ana sauya ruwa kafin ta ciwu. Burgu na bakin kogi da yara ke tsotsa.

31/ Fitowar da na fi so, kuma abu ne da ya faru a yunwoyin Sahel: mata na fasa gidan tururuwa su kwashe hatsin da ta tara. Ku duba fa. Fim ya fara ƙwari na washe mutane, ya kai inda mutane ke washe ƙwari. Tururuwa na cizon hannunta, ba ta ko yarfewa.

32/ Sirrin nata kuwa, iri ne. Tun kafin fara ta sauka ta cika tulu da zaɓaɓɓen gero ta binne ƙarƙashin gadonta. Ba wanda ya sani. In ta dafa, za su ƙoshi sati biyu, damina ta zo ba abin shuka. In ba ta dafa ba, ƙaramin yaron baƙuwar ba lallai ya ga daminar ba.

33/ Kullum a kan tulun take kwana tana jin tarin yaron. 'Yarta babba ta fara zargi, don ta ga uwar ba ta bari a share ƙarƙashin gado. Wani dare kuma sai ta ji ƙaramin ƙas-ƙas daga ƙasa. Gara ce? Ƙwaron hatsi ne? Kunnenta ne? Ba halin ta tona ta duba, ɗakin cike yake da mutane.

34/ Virginie jinin jikinta take bayarwa, kuma ana iya cewa ta zare. Tawa lafiyarta ƙalau, lissafinta daidai ne, shi ya sa nake ganin ta fi ban tsoro. Zan so a fito daga kallo ana musu: wasu su ce muguwa ce, wasu su ce ita ta ceci gidan. Ni kaina ban yanke ba tukuna.

35/ Ƙarshe: ruwan farko ya sauka, ta tone tulun a gaban kowa. Ba wanda ya ce uffan, kallo kawai. An yi shuka, gero ya tsiro, ya yi kai. Sai inuwa ta sake bi ta kan gona. Fuskoki sun ɗaga sama. Ba za mu nuna ko hadari ne ba. A rubuta 1931 a allo, a kashe. Wanda ya san abin ya kai 1941 zai gane.

36/ Sharaɗi ɗaya: kada a kawo mini Kananci a bakin tsohuwar Illo ta 1930. Yankinmu ana jin Hausar yamma, Dandanci, Zabarmanci, Fulatanci, Busanci da harshen Kyangawa. A bar kowa da harshensa a sa fassara a ƙasa. Baƙin da suka tsallako su yi Zabarmanci, rashin fahimtar juna ma wani tsoron ne.

37/ Masu cewa ina kuɗin siddabarun kwamfuta: fitowa uku kawai ke buƙatar fara. Sauran inuwa ce da sauti da fuska. Farar kanta a buhu ake sayar da ita a kasuwa. In an gama ɗauka 'yan aiki su yi kalaci da jarumar 😂

38/ In furodusa ya dage sai an kawo shi zamanin yau, akwai hanya. A 2004 farar hamada ta sake sauka a Nijar haɗe da ƙarancin ruwa, 2005 aka ga abin da ya faru da yara a Maraɗi. Yanzu kuma da feshi ake yaƙar ta, FAO na gargaɗin kada a ci wadda aka yi wa feshi. Mai suyar fara da ta sayi buhu mai arha ba ta tambayi daga ina ba, ga fim nan.

39/ Kashi na biyu ma na nan, ko da yake wani zaren ne. Ɗan ƙaramin baƙin ƙuda da ke hayayyafa inda ruwa ke gudu, mai kawo makantar rafi. A 1974 aka fara gagarumin shirin yaƙar sa daga Wagadugu, ana feshin koguna da jirage. Benin da Nijar na ciki, Najeriya ba ta ciki. Sai da maganin Mectizan ya zo kyauta daga 1987 lissafin ya sauya.

40/ A Janairun 2025 Hukumar Lafiya ta Duniya ta tabbatar Nijar ta kawar da cutar, ta farko a Afirka. Wancan fim ɗin, allon ne zai riƙa dushewa a hankali har ya zama baƙi.

41/ Abin da ke damuna dai, da na je neman shekarar fara a littattafai, Kano na samu da Katsina da Yamai. Kakalaba ta 1913 zuwa 1914 na da shafuka. Abin da na sani na bakin kogin namu kuwa, kusan duka daga Kaka ne, ita ma ji ta yi, kuma ta fara haɗa sunayen jikokinta.

42/ Hutun nan in na je gida zan ajiye mata waya ta yi ta magana. Ku ma 'yan Bagudo, Illo, Lolo, Kaoje, Zagga, Kamba, da ku na Gaya da Malanville, ku tambayi tsofaffinku me ake kiran shekarar a garinku da abin da aka ci. Ku ajiye mini a ƙasa, har da harshen da aka faɗa. Ni bari in je in ga ko jarrabawar nan za ta ciwu.